Ranar da Agogo Ya Ƙirga Awannin Ƙaninsa

Akwai wani mutum da abokan aikinsa suka laƙaba wa suna Agogo. Shi ne mai kula da shiga da fitar ma'aikata a wani kamfanin robobi, kuma sunan ya bi jiki. In ka makara da minti uku, zai gaya maka uku ne, ba biyu ba. Ba mugu ba ne, Allah ya sani. Irin mutanen nan ne kawai da in suka ga lamba a rubuce, to sun gama yanke hukunci.

Mahaifinsu tsohon direban tirela ne, shekara talatin da ɗaya ya yi a kan hanya. Shekara uku da suka wuce hawan jini ya kayar da shi, ɓarin jikinsa na dama ya shanye. Mutumin da ya saba kwana a gari ya tashi a wani, sai ga shi ko kofin ruwa ba ya iya ɗauka.

Autan gidan, wanda a lokacin yake aiki a wani shagon buga takardu, shi ya ajiye aikinsa ya dawo gida jinya. Agogo kuma ya saya masa kwamfuta mai kyau, don ya riƙa zana wa mutane kati da allon talla daga ɗaki, kada ya zauna haka nan. Daga nan Agogo ya ɗauka ya sauke nauyin da ke kansa. Tafiyar awa biyu ce tsakaninsa da gida, amma sai ya yi wata biyar bai leƙo ba. In ya zo ma, zai gaida Baba, ya ɗan zauna yana duba waya, ya ce aiki na jiransa.

Wata Asabar da hantsi ya iso. Bayan gaisuwa sai ya tuna akwai takardar da zai tura ofis, ya shiga ɗakin Auta ya zauna gaban kwamfutar.

Abin da ya fara gani shi ne sitiyarin roba ɗaure a bakin tebur, ga totur da birki a ƙasa, ga 'yar sandar canza giya a gefe. Ya taɓa madannai, fuskar kwamfutar ta kawo haske. Wasan tuƙa babbar mota ne a buɗe, a ƙasan sunan wasan kuma an rubuta yawan lokacin da aka yi ana buga shi: awa dubu huɗu da ɗari biyu da sha shida.

Agogo ya cire tabarau ya goge, ya mayar. Lambar tana nan.

Kun san hali. Nan take ya raba ta gida takwas a kansa, ya samu ranakun aiki ɗari biyar da ashirin da bakwai. Ransa ya ɓaci.

"Auta! Zo nan!"

Auta ya shigo da tawul a kafaɗa, yanzu ya gama yi wa Baba aski.

"Mene ne wannan?"

Auta ya kalli lambar, ya kalli ƙofar ɗakin Baba, ya sunkuyar da kai. "Wasa ne, Yaya."

"Ai ba makaho ba ne ni. Awa dubu huɗu! Ƙato da kai, shekara ashirin da bakwai, ka zauna kana murɗa roba kamar ɗan goye? Mutane na can suna yaba maka wai kana jinya, ashe tuƙi kake yi a ɗaki. Ina ka kai kayan da ka ɗauko? Wa ya sauke maka lodi?"



Mama ta leƙo daga kicin. "Yayansu, bi a hankali mana. Mai ɗaki shi ya san inda yake masa yoyo."

"Mama, ke kike ɓata shi. Yau ɗin nan zan tafi da kwamfutar. Jibi Litinin kuma ya same ni a kamfani, akwai gurbi a wajen masu ɗaure kaya. Baba kuwa za a nemo wanda zai riƙa kula da shi."

Sai a lokacin Auta ya ɗago. Idonsa ya kawo ruwa. "Yaya, ka zage ni yadda kake so, na yarda. Amma don Allah ka bar kwamfutar nan a gidan nan."

Wannan roƙon shi ya ƙara tunzura Agogo. A ganinsa, an ce wa mutum zai bar mahaifinsa bai yi gardama ba, amma an taɓa wasa ya fara hawaye. Ya zare wayoyi ɗaya bayan ɗaya, ya kwance sitiyarin, ya kwashe komai ya zuba a but ɗin motarsa, ya rufe da ƙarfi. Auta na tsaye kamar an dasa shi, Mama kuma ta koma kicin tana goge ido da gefen mayafi.

Agogo ya koma ciki ya ɗauko jakarsa, ya nufi ɗakin Baba don ya yi sallama. Gado ba kowa. Kujera ba kowa.

Da ya fito waje, sai ya hango shi. Baba ne tsaye a bayan motar, sanda a hannun hagu, yana haki, gumi ya jiƙa masa riga. Shi kaɗai ya tako tun daga ɗaki. Hannunsa na dama kuwa, hannun da Agogo yake zaton ya mutu tun shekara uku, yana kan murfin but, yatsun sun kama bakin ƙarfen gam.

"Buɗe," in ji Baba. Maganarsa tana ɗan jan harshe tun bayan ciwon, amma ta fita sarai.

"Baba, me ka fito yi? Ka koma ka..."

"Na ce ka buɗe. Motata ce a ciki."

"Motarka kuma, Baba?" in ji Agogo.

"Yaron nan bai tuƙa ko awa ɗaya ba," in ji Baba. "Ni na tuƙa. Ni na sa shi ya yi mini alkawari ba zai gaya wa kowa ba, musamman kai. Ina jin kunya a ce tsoho kamata, mai jikoki, ya koma wasan yara. Ina kwance ina jin duk abin da kake faɗa masa, ina jira ya tona ni ya huta. Bai tona ba. To kunyata ba ta kai mutuncinsa ba. Buɗe."

Agogo ya buɗe.

Auta ya mayar da komai wurinsa. Ya zaunar da Baba, ya sa masa matashi a baya, ya ɗaga masa ƙafar dama ya ɗora a kan totur, sannan ya jawo ɗan benci ya zauna a gefensa. Daga yadda hannuwansa suke tafiya, ka san abu ne da ya yi ba adadi.

Baba ya kama sitiyari da hannu biyu. Fuskarsa ta sauya gaba ɗaya. Ya duba madubin hagu, ya duba na dama, ya ba da sigina, duk da ba ɗan sandan da zai tsare shi. Tirelar ta ɗauki hanya.

"Dubi wancan," ya ce yana nuna wata ƙaramar mota da haɓa. "Ya shigo ba sigina. Ko a cikin na'ura ba a rasa marasa tarbiyya."

Mama ce ta ba Agogo labarin, tana tsaye a bakin ƙofa. Ta ce watannin farko Baba ya juya wa duniya baya. Ba ya cin abinci sai an yi da gaske, likitan da ke masa gashin jiki ya ba shi ƙwallon roba ya riƙa matsawa, ya yi wurgi da ita. Kullum fuskarsa na kallon bango, yana cewa shi dai ya gama amfani.

Wata rana Auta yana duba wani abu a kwamfuta, sai ƙarar injin tirela ta fito daga wani bidiyon wasa. Baba daga ɗakinsa ya ce, "Wane ne wannan yake kashe giya haka?" Ita ce doguwar maganar da ya fara yi cikin wata huɗu.

Washegari Auta ya ɗauki wayarsa mai kyau ya je ya musanya ta da sitiyarin nan, na hannu. Da farko hannun Baba ba ya tsayawa, sai ya zame ya faɗo cinya. Auta ya riƙa ɗora nasa hannun a kai, su murɗa tare. Haka suka yi wata bakwai, hannu a kan hannu, kafin yatsun su fara kamawa da kansu. Baba ba ya karanta rubutun wasan, don haka Auta ne ke zaɓo masa lodi, ya karanta masa allunan hanya, ya goge masa baki in yawu ya zubo. Awa biyu da safe, awa biyu da la'asar, wata rana fiye. Aikin zanensa kuma yana yi a tsakani, lokacin da Baba ke hutawa.

"Likitan da kansa ya yi mamaki," in ji Mama. "Ya ce ko me kuke yi masa, kada ku daina."

Suna cikin haka Baba ya iso wurin sauke kaya. Wani ɗan lungu ne tsakanin tireloli biyu, dole sai da baya za a shiga. Ya sa ribas, ya karya kan motar a hankali, idonsa na kan madubi, hannun daman nan yana juya sitiyari kaɗan-kaɗan. Bugu ɗaya ya zaunar da ita, bai gogi komai ba.

Ya juyo ya kalli babban ɗansa yana murmushi da gefen bakinsa mai lafiya. "Shekara talatin da ɗaya ban taɓa ƙwarzane motar mutane ba. Ba yanzu zan fara ba."

Agogo ya so ya yi dariya, amma kansa, wanda ba ya iya zama ba lissafi, ya riga ya kama wani aikin. Sau nawa ya zo gidan nan tun da Baba ya kwanta? Ya ƙirga, sau tara. Kowace zuwa awa nawa yake yi a ɗakin Baba? In ya yi wa kansa adalci, awa ɗaya da rabi. Ya haɗa, ya sake haɗawa, ya yi wa kansa ƙari ma, amma abin bai kai awa sha biyar ba.

Ya ɗaga kai ya kalli lambar da ke jikin kwamfutar. Ɗazu ya karanta ta a matsayin shaidar lalaci. Yanzu ya gane awannin da ƙaninsa ya yi zaune a kan bencin nan ne, kusa da mahaifinsu.

Ya durƙusa a gaban Auta, abin da bai taɓa yi ba a rayuwarsa.

"Haba Yaya, tashi don Allah," in ji Auta yana jan hannunsa.

"Bar ni. Na zalunce ka, ka yafe mini. Ni na sayi na'ura na tafi abina, kai ka dawo mana da Baba. Na gode, Auta. Wallahi na gode. Allah ya ba ka masu yi maka."

Mama ta ce amin da ƙarfi. Auta ya rasa inda zai sa kansa, ya ce ai ba komai, shi ma ya ƙaru, don yanzu ya san hanyoyi da dokokin tuƙi fiye da masu lasisi.

Baba ya buga hon sau biyu. "Kun ishe ni da koke-koke, ga lodi na jira. Kai babba, karen motata ya gaji, shekara uku bai yi hutu ba. Ina neman na ranar Asabar. Sai dai ni ba na ɗaukar mai duba waya a bakin aiki."

Agogo ya ciro wayarsa ya kashe, ya miƙa wa Mama. Auta ya tashi ya ba shi bencin.

"Ina muka nufa, Baba?"

"Kai dai karanta mini allo. Lokacin da kake ƙarami kullum sai ka bi ni har bakin titi kana kuka in tafi da kai, ni kuma in ce sai ka girma." Ya sa giya, ya duba madubi. "To ga shi ka girma. Zauna da kyau."

Tun daga ranar, duk Asabar Auta yana fita ya sha iska, ya kai wa masu aiki zanensu, ya ga abokai. Agogo kuma yana kan benci tun ƙarfe tara. A kamfani sun ce har yanzu yana ƙirga minti, amma yanzu in mutum ya makara, yakan fara tambayarsa, "Lafiya dai ko?"

Darasi: Lamba tana gaya maka yawan lokacin da aka kashe, ba ta gaya maka a kan wa aka kashe shi ba. Kafin ka ƙirga wa ɗan'uwanka awanninsa, ka tambaye shi tukuna, sannan ka ƙirga naka. In a gidanku akwai wanda ya zauna da iyayenku alhali kai kana can kana harkokinka, kada ka jira sai gobe, ka kira shi yau ka ce masa ka gode. Ku tura wannan labari ga 'yan'uwanku, musamman manyan yayye, wataƙila wani Autan yana can yana shan faɗa a kan alherin da ya rufe bakinsa a kai.