Mai Gero A Ƙasar Kurmi

Akwai wani manomi a can arewa wanda fari ya kore shi daga garinsu. Ya ɗauki matarsa da 'yan komatsansa, ya gangara kudu, ƙasar kurmi, inda ruwan sama ba ya jin kunyar kowa. Cikin kayansa babu abin da ya fi daraja a wurinsa kamar wata gora cike da irin gero, an gauraya shi da toka don ƙwari. Irin nan na mahaifinsa ne, shi ma a wurin nasa mahaifin ya gada.

Aka ba shi ɗaki da ɗan fili a bayansa. Ya dubi ƙasar, baƙa wuluk, da danshi, ya ce a ransa, “In gero ya yi a yashin garinmu, ina ga nan?” Da ruwan farko ya sauka ya yi kunya-kunya, ya shuka. Gero ya fito, ya yi tsawo har ya wuce kansa. Amma lokacin da ya fid da zangarniya yana bukatar rana, sai ruwa ya ƙi ɗaukewa. Zangarniyar ta jiƙe, ta yi fumfuna, ta ruɓe a tsaye. Ɗan abin da ya tsira tsuntsaye suka raba.

Shekara ta zagayo, ya ce laifin lokaci ne, ya yi sammakon shuka. Sai ya jinkirta. Abin da ya faru bara shi ya sake faruwa, gora kuwa ta sauka ƙasa da rabi. Ya koma yi wa mutane ƙodago a gonakinsu don su samu na bakin salati, da yamma ya dawo ya duƙa a nasa lambun, ciyawa kuma a ƙasar nan kana nome gaba tana tsirowa a bayanka. Mutumin ya gaji, gajiya irin wadda barci ba ya maganinta.

Suna da maƙwabciya, wata tsohuwa 'yar ƙasar. Bayan ɗakinta ayaba ce, da gwaza, da kuɓewa, da rogo, ko'ina kore shar. Wata rana ta ɗauko damin sandunan rogo ta ajiye a ƙofarsa.

Ta ce, “Maƙwabci, ka dasa waɗannan. Ƙasarmu ta san su.”

Ya ce, “Na gode, Iya, Allah ya sāka.”

Da ta juya baya ya ce wa matarsa, “Ni da na gaji iri daga kakanni, yau ni za a ce in binne itace in jira abinci?”

Matar ta ce, “Maigida, in kiɗa ya sauya, ai rawa ma sauyawa take.”

A garinsu da karan gero ake shinge, a nan kuwa ba shi da kara, ga awakin unguwa sun dame shi. Sai ya kwashi sandunan nan na tsohuwa ya kakkafa su kewaye da lambun, don su tsare masa geronsa. A ganinsa iyakar amfaninsu ke nan.

Damina ta uku ma gero ya ruɓe. Shingen kuwa ya toho, ya yi ganye, awaki na figa yana ƙara fitowa. Maimakon ya yi tunani, sai haushi ya kama shi. Ya ce, “To, ga dalili. Inuwar abin nan ce ta hana gerona rana.” Haka ɗan Adam yake, in ya ƙi gaskiya ba ya rasa wanda zai ɗora wa laifi.

Da shuka ta sake ƙaratowa ya zazzage gorar a tafin hannunsa. Abin da ya rage bai cika hannu biyu ba. In ya zuba shi a wannan ƙasa ya ruɓe, irin gidansu ya ƙare a hannunsa ke nan, kuma tukunyar gidan ta kwana biyu ba ta ga wuta sosai ba. Duk da haka ya ɗauki fartanya yana jan ƙafa, ya ce bari ya fara tumɓuke shingen.

Ya kama sanda ta farko ya ja, ta ƙi. Ya sa ƙarfinsa duka, ƙasa ta tsage, sai ga saiwoyin rogo manya-manya, kowanne ya kai damtsen mutum. Ya ja ta biyu, haka. Ya dubi shingen ya kewaye lambun gaba ɗaya. Sai ya zauna a ƙasa, rogon a cinyarsa, hawaye na zuba.

Matarsa ta fito ta gani. Ya ce mata, “Kin ga, duk yunwar nan da muka sha, abinci na tsaye kewaye da mu, ni kuwa na sa shi gadin abin da ba zai yi ba.”

A ranar aka hura wuta. Kashegari ya je ya durƙusa a ƙofar tsohuwa ya ce, “Iya, ki koya mini.” Ta ba shi 'ya'yan ayaba na dashe da irin gwaza, ba ta yi masa gori ba. Sauran geron kuwa ya ƙulle shi a tsumma, ya ba wani matafiyi ya kai wa ƙanensa a arewa, inda aka ce ruwa ya dawo daidai. Ya tsaya yana kallon matafiyin har ya ɓace, zuciyarsa na ciwo, gama ya san ba zai ƙara girbin geron mahaifinsa da hannunsa ba.

To, 'yan'uwa, ga ma'anar wannan misali. Manomin nan mu ne. Lambun shi ne wurin da Allah ya ajiye ka yau, ko da ba kai ka zaɓa ba. Gero ba mugun abu ba ne, albarka ce ta wani wuri da wani lokaci. Da yawa a cikinmu mun bar garuruwanmu, wasu sun rasa aiki, wasu ƙarfin jiki ya tafi, amma kullum addu'armu ita ce Ubangiji ya maido mana da jiya. Muna zuwa sujada a gajiye, muna cewa ya manta da mu. Bai manta ba. Wanda ya ba arewa gero shi ne ya ba kurmi rogo, kuma sau da yawa yakan aiko da kyautarsa ta hannun wanda muka raina, mu karɓa da baki, mu jefar a gefe.

Ba na ce ka daina ƙaunar gida ba. Ka miƙa jiya ga Allah, ya san ƙasar da za ta karɓe ta. Amma kafin ka ce Ubangiji bai ba ka kome ba, in ka koma gida yau, ka je ka duba abin da ka kafa a shinge.