Lawa da Kayan Saƙarta

Na san za ku ce na ƙara gishiri, amma ku saurara tukuna.

Akwai wata mata a kan duwatsun tsibirin Taiwan, sunanta Lawa. A garinsu kowane gida yana da adon da yake saƙawa a zane, uwa ce ke koya wa 'yarta. Mace ta ga zanenki, ta san gidanku.

Sai Japanawa suka ci ƙasar. Suka ce kowa ya sa irin tufafinsu, suka hana saƙa. Mata suka miƙa kayan saƙarsu suna kuka. Lawa kuwa ta kai musu rubabben itace, kayan saƙar na ainihi ta tura su ƙarƙashin rumbun gero. Rigar da suka ba ta, ta ɗinka mata adon uwarta daga ciki, tana wuce ofishinsu tana gaisuwa har ƙasa.

Bakinta ne ya kashe ta. A rafi ta juya rigar a gaban mata tana cewa, "Ku duba, kullum a gaban hancinsu nake wucewa da shi!"

Maganar ta kai kunnen Japanawa. Kashegari ɗan sanda ya zo ya bincike gidan, ya jawo kayan saƙar daga ƙarƙashin rumbun, ya cinna musu wuta. Ya yanke mata hukuncin wata guda tana ɗaukar duwatsun hanya.

'Yarta Ciwas ta biyo ta tana hawaye. "Inna, shi ke nan, adon Kaka ya ƙone."

"Ke, share min hancin nan! Itace suka ƙona. Tsuguna."

Ta sauke dutsen, ta zana adon a ƙasa da yatsa. "Ja uku, fari ɗaya. Faɗa."

"Ja uku, fari ɗaya."

Lawa ta shafe da ƙafa, ta ɗauki dutsenta. Haka kullum. Kafin wata ya cika, kafaɗarta ta saɓule, Ciwas kuwa tana zana adon da ido a rufe.

Ma'anar misalin nan ita ce: adon shi ne abin da Allah ya yi wa gidanku. Masu mulki sukan zo su canja wa mutane tufafi da harshe, har mutum ya rasa ko shi wane ne. Abin da aka ɓoye a rumbu, wuta tana iya cinsa. Wanda uwa ta zuba a zuciyar 'yarta, ba sojan da zai tono shi. Ku iyaye mata, kada ku jira zaman lafiya kafin ku faɗi labarinku. Ku kuma yara, yau in an tashi, ku je ku tsuguna gaban kakarku.