Hannu Biyu, Kunne Huɗu

Kun yi zalunci, kuma a gabanku zan faɗa. Maƙwabcinku yana kwance rai a hannun Allah, matarsa ta fito ta roƙe ku ku rage kiɗa, kuka ce biki ba ya jiran mara lafiya. Wasunku har dariya suka yi. To ku zauna ku saurara.

An yi wani mutum a wani gari, tun zamanin da, wani bawan Allah ana ce masa Mati. Igiya yake tufkawa ya kai kasuwa, ba shi da wata sana'a ban da ita. A bayan garin akwai wani kwari tsakanin duwatsu, wanda lokaci ba ya tafiya a cikinsa sai in an yi sauti. In aka yi shiru komai sai ya tsaya cak, ko jinin rauni ba ya zuba. Tari ɗaya sai ya ci wuni, ihu ya ci wata. Ganga kuwa shekaru take ci. Shuka ta ganye take jin sautin, mutum ta kunne. Kada wani ya tare ni a hanya yana tambayar inda kwarin yake, misali nake ba ku.

Mutanen garin sun san amfaninsa. In ciwo ya yi tsanani kuma mai magani yana nesa, sai a kai mutum can a kwantar, a yi gum har magani ya iso.

Wata rana da safe kububuwa ta sari wata tsohuwa mai sayar da daddawa, Iya Tabawa, wadda ba ta da ɗa ba ta da jika. Mati ya goya ta ya kai kwarin, ya roƙi wani mai jaki ya je ƙetaren kogi ya ɗauko mai maganin maciji. Suna shiga, dafin ya tsaya a idon sawunta.

Can sai Mati ya hango jama'a tafe da fartanyu da ganguna. Sarkin Noma Jatau ne ya kira gayya. Ya gano cewa in ya shuka gero a kwarin aka buga masa ganga, zai yi girbi kafin la'asar. Kowane mai aiki an ba shi kakin zuma ya toshe kunne. Mati ya lallaɓa ya fita, ya tare su a bakin kwarin, ya durƙusa.

Ya ce, "Ranka ya daɗe, akwai mara lafiya a ciki. A dakata mana zuwa gobe."

Jatau ya ce, "Wane ne?"

"Iya Tabawa ce, mai daddawa."

"Mai daddawa. Na yanka sa, an dama fura, na tara jama'a, sai in sallame su saboda mai daddawa? Fito da ita."

"In na fito da ita dafin zai hau, ba za ta kai azahar ba."

"To ka ga ta huta da talla."

Mati ya ce, "A sam mini kaki kaɗan in toshe mata kunne."

Jatau ya ce, "Kakin na masu fartanya ne. Kai da ka iya igiya, je ka tufka mata."

Ku saurara da kyau, nan ne wurin da ya shafe ku. Mati ya juya ya dubi jama'a. Kowa da dunƙulen kakinsa a hannu, wani har da ragowa a aljihu. Babu wanda bai taɓa shan miya da daddawar matar nan ba. Suka sunkuyar da kai, suka cusa kakinsu a kunne, suka wuce shi.

Mati ya koma wurin tsohuwa. Hannu biyu gare shi, kunnuwa kuwa huɗu ne, nasa da nata. Ya durƙusa ya danne nata da tafukansa.

Aka saki ganga. Gero ya tsiro, ya yi kara, ya fid da kai. Gemun Mati ya yi fari. Haƙoransa suka fara zuba, bayansa ya ranƙwafa. Tsohuwa tana kallon fuskarsa, ta kama hannunsa za ta ture, ya girgiza kai ya ƙara dannewa. Bai ɗaga hannun ba. Bai ɗaga ba har mai magani ya iso ya tarar da wani tsoho tukuf yana riƙe da kan wata tsohuwa.

Ta warke. Shi kuwa yatsunsa ba su sake iya tufka ba, kuma bai ga damina ta gaba ba. Cikin 'yan gayyar nan babu wanda ya leƙa ya gaishe shi, wai kunya suke ji. Tabawa ce ke kai masa kunu. Ta taɓa tambayarsa, "Ɗan nan, me ya sa ba ka sake ni ba?" Ya ce, "Iya, ni na kai ki."

Abin da nake gaya muku ke nan. Wanda ya ɗauki nauyin mai rauni ya riƙe shi har ƙarshe, ko da nasa ne zai tafi, kuma ladansa ba a wurin mutane yake ba. Kada kuma ku ce Jatau ne kaɗai azzalumi. Azzalumi ɗaya ba ya iya komai sai ya samu masu sunkuyar da kai. Kowannenku yana da ragowar abin da zai ceci wani, ko hatsi, ko abin hawa, ko kalma ɗaya a gaban mai ƙarfi. Ku duba aljihunku yau, kafin a tambaye ku.

Jatau kuwa, ana tsakiyar aiki ya ga bakin maroƙi yana motsi, ya gane kirarinsa ake yi. Ya kasa haƙuri a yabe shi bai ji ba, ya cire kakinsa, ya matsa kusa da ganguna, ya ce a ƙara. Aka ƙara. Da aka gama yankan gero aka neme shi a raba, sai aka tsinci ƙasusuwansa a cikin babbar rigarsa tsakanin kunyoyin gero biyu. Bai ci ko tsaba ɗaya ba.