Duwatsun Caffa a Kan Raba-Ruwa

A ƙasar gabas an yi wani sarki mai suna Kailani, mai mulkin birnin Zamhara. Ruwan birnin duka daga kogi ɗaya yake, mai gangarowa daga Raba-Ruwa, dutsen da ƙanƙara ba ta taɓa barin kansa ba, wanda ruwan da ya faɗa gefensa ɗaya ke nufar tekun gabas, na ɗaya gefen kuma tekun yamma. Kowace shekara fada kan aika da dutsen caffa ga aljanin da ke can, an rubuta sunan sarki a jiki, manzo ya ajiye shi ido a rufe, don al'ada ta hana kallo.

Shekara bakwai kogin yana ƙafewa, fadawa na kishingiɗe a inuwa suna rantsuwa cewa matsafan yamma ne suka sace shi. Ran da aka buga tamburan yaƙi, Yarima Muzaffaru ya faɗi gaban mahaifinsa ya ce, "Allah ya ja zamanin Sarki, cikin masu rantsuwar nan wa ya hau ya gani?"

Waziri ya harare shi ya ce, "Ranka ya daɗe, a binciki yaron nan. Wa ya sani ko sun shayar da shi wani abu?"

Sarki ya dubi ɗansa ya ce, "Hau ka gani. Kwana arba'in. In ba ruwa, runduna za ta tashi."

Muzaffaru ya ratsa hamadar gishiri, ya wuce birnin bokayen da ke tsare gizagizai a cikin tuluna, ya ƙi shan ko kurɓi ɗaya a wurinsu, har ya isa inda itatuwa suka ƙare, numfashi ya yi wuya. Nan ya ga kogin ƙanƙara, daskararre, shuɗi, mai tsaguwa da ƙara kamar aradu. A kan tsaunin da ya raba gabas da yamma, wanda faɗinsa bai fi tabarma ba, ya tarar da wata mace riƙe da mashi.

Ta ce, "Ni ce Rumasa'u, 'yar Sarkin yamma. Kai ne mai aiko mana ambaliya tana cinye gonakinmu?"

Ya ce, "Au, ɓarauniyar kogi ce ke tuhuma?"

Suka gwabza har takobinsa ya dakushe, mashinta ya karye. Sai ƙanƙara ta tsage, aljani Dagaskaru ya fito yana hamma, gemunsa duk raɓa.

Ya ce, "Kun dame ni. Kai ɗan gabas, tunda ka zo da idonka a buɗe, duba ƙarƙashin ƙafarka."

Muzaffaru ya duba. Duwatsun caffa ɗari uku ne jibge a daidai bakin da ruwa ke fita gabas, sun toshe shi, ruwan duka ya juya yamma.

Aljanin ya ce, "Ni ban taɓa roƙon dutse ba. Me zan yi da dutse a kan dutse?"

Muzaffaru ya ɗaga na farko, ya ga sunan kakansa, amma ya wurga shi cikin kwazazzabo. Rumasa'u ta riƙe shi ta ce, "Tsaya, malam. In ka kwashe duka, mu kuma mu sha me?" Suka zauna suna auna mashigar ruwan da guntun mashinta, kowa na sa wa hannun ɗan'uwansa ido, har ruwa ya rabu biyu daidai.

Kwana arba'in sun cika, rundunar Zamhara ta riga ta tashi, tana bin busasshen kogi don ya fi sauƙin tafiya, sai ga ruwa ya tarye ta har ƙirjin dawakai. Sarki Kailani ya sauka, ya ɗiba da tafinsa ya sha, ya ce a koma gida.

Da Muzaffaru ya dawo, Sarki ya naɗa masa rawanin mulki da hannunsa, aka nema masa auren Rumasa'u. Ranar da aka kawo ta, ta shaida masa cewa ta bar dakarunta goma suna gadin mashigar.

Ya ce, "Har yanzu ba ki yarda da ni ba?"

Ta ce, "Kai nawa ka bari?"

Ya sunkuyar da kai, ya ce, "Goma sha biyu."