Randar Gulbin Dargaza

"Ga ta nan, ga ta nanku, in kun gama tauna."

"Ta zo mu ji ta, Kaka!"

A zamanin da, tun ba a san rijiya ba, akwai wani gari a bakin Gulbin Dargaza. Gulbin nan matafiyi ne. Da damina ta sauka sai ya taso daga duwatsun kudu, ya ratsa ƙasar laka, ya bi fadama, ya nufi arewa gaida uwarsa Tabki. Wata huɗu yana wucewa. Daga nan sai ya bar wa mutane yashi, mata su yini a hanya neman tulu ɗaya.

Mai gari Nomau ya ce shi zai tsayar da shi.

Shekarar farko ya kai makaɗa da rago bakin gaɓa. Ya ce, "Ranka ya daɗe, zauna mana." Gulbi ya ce, "Na gode da guzuri." Sai ya kwashe ragon ya wuce.

Shekara ta biyu ya sa aka sari ƙaya aka yi shinge. Gulbi ya ce, "Nomau, ni akuya ce?" Sai ya tafi da shingen, har da takalmin mai gari.

Shekara ta uku ya tara maza suka gina ganuwa a tsakiyar hanya. Gulbi ya zo ya duba. Sai ya karkata gabas, ya fasa sabuwar hanya, ya bar garin can baya. Kufan nan da kuke tsintar tsingaro a ciki, shi ne. Dole mutane suka tashi suka bi shi, ga sabon mazauni babu ko tabki kusa. Aka ce in rani ya zo kowa ya kama gabansa, gari ya watse.

Akwai wata mai ginin tukwane, Kyauta, ba ta da son dogon zance. Da kaka ta yi, ruwa ya soma ja, sai ta je ta tsuguna a gaɓa.

"Baba Gulbi, duk kayan nan kai kaɗai?"

"Na uwata ne, 'yar nan."

"Nawa ke isa wurinta? Rabi rana ke shanyewa a hanya. Ka bar ajiya mana."

"A wace randa? Taki?"

"Tawa ta yi maka kaɗan. Ga taka ƙarƙashinka. Ka zuba, ka rufe da yashi, kamar yadda muke kifa faifai."

Gulbi ya ji nauyi ya ishe shi dama. Sai ya nutsar da rabin ruwansa ƙasa, ya ja yashi ya rufe, ya tafi.

Rani ya tsananta, mutane suka fara ɗaure kaya. Kyauta ta ɗauki ƙoƙo ta shiga tsakiyar gulbi. Nomau ya ce, "Ke, ajiyar mutum ce fa!" Ta ce, "Ranka ya daɗe, ka yi naka sau uku. Matsa." Ta tona kamu ɗaya, yashi ya yi sanyi. Ta ƙara, sai ga ruwa yana tsattsafowa, garau. Mata suka yi guɗa, aka kwance kaya. Haka aka sha har bazara.

Damina ta dawo, Gulbi ya iso da rurinsa. Ya leƙa ƙasa, wayam.

"Kyauta! Ina ajiyata?"

Nomau ya laɓe bayan rumbu. Kyauta ta riƙe ƙugu.

"Mun sha. A gidanku ana zuba sabon ruwa kan na bara? Kwashe maka randa muka yi, muka wanke ta. Godiya ya kamata ka yi."

Sai Gulbi ya fashe da dariya har ya malale fadama. Ya ce, "Wallahi uwata ma haka take yi. To, ku riƙa wankewa." Tun daga ranar kowace shekara yake cika randar kafin ya tafi, gari bai sake ɗaure kaya ba.

Ƙurunƙus, kan ƙusu ya tsinke. In abu ya fi ƙarfinku, ku daina kokawa da shi, ku duba inda za ku ci moriyarsa. Yanzu a tashi, kuma wadda na ga randarta da koren gansakuka gobe, ni da ita ne.