Ranar da Mantau Ya Naɗe Tabarma

An yi wani mutum a wani gari, tun zamanin da ake gane marini da hannunsa kafin a ji sunansa. Mantau ake ce masa. Bawan Allah ne marar hayaniya, ba shi da komai sai karofi ɗaya da ya gada wurin mahaifinsa, wato ramin da ake jiƙa ganyen baba da toka a rina tufafi.

To, ku saurara. Ruwan baba yana da rai, kuma yana mutuwa. In ya mutu, ko wuni ka yi kana tsoma zane ba zai kama ba. Duk garin, gidan su Mantau kaɗai suka san yadda ake tayar da shi. Al'adarsu kuwa, in za su yi aikin sai a kewaye karofin da tabarma, kowa ya ja baya. Ba a nuna wa kowa sai ɗan cikinka.

Mantau ba shi da ɗa. Ga tsufa, ga ido ya fara dishi-dishi.

Matarsa Tabawa ta ce, "Malam, abin nan da ka sani, da shi za a binne ka?"

Ya ce, "Ina tunani."

Ta ce, "Tun bara kake tunani."

Wata rana karofin wani ya mutu, aka kira Mantau. Akwai wani magidanci, Korau, wanda ya zo cin rani ya zauna yana ɗebo wa marina ruwa. Shi ya kafa tabarmar, ya juya zai tafi.

Mantau ya ce, "Korau, naɗe ta."

"Tabarmar, Baba?"

"Ita. Zo ka tsoma yatsa ka lasa. Da harshe ake gane ciwon baba."

Sarkin Marina, Dogara, ya taso. Ya ce, "Mantau, bare ne fa."

"Na sani, ranka ya daɗe. Ni ma ba da sanin aka haife ni ba. Duk mai so ya matso."

Babu wanda ya matso. Dogara ya ce, "Yau ka karya al'adarku, gobe a ce mu karya tamu. In ka ci gaba, za mu cike karofin ubanka da ƙasa."

Jama'a, kada ku ɗauka abin bai taɓa Mantau ba. A bakin ramin ubansa ya koyi tafiya. Amma bai janye ba. Sannan ya dubi Korau ya ce, "Me ka ji a harshenka?"

Da ya ci gaba, suka cike karofinsa yana tsaye yana kallo. Bai zagi kowa ba, bai kai ƙara ba. Ya koma gida, ranar bai iya cin tuwo ba.

Korau ya haƙa sabon rami a bayan gidansa. Kullum tsoho na zaune a gefe, shi yana lasa. "Salam yake, Baba." "Ƙara toka." "Yanzu yana cizo." "Ka zarce, sirka da ruwa." Ya ɓata baba ba iyaka. Tabawa in ta kawo fura sai ta ce, "Korau, zane kake rinawa ko harshenka?" A hankali harshen ya waye.

Ana nan, sai ramukan Dogara suka mutu gab da Salla, ga kayan mutane jibge. Ya zo gidan Mantau ya yi sallama, ya kasa ɗaga kai. Lokacin Mantau ya makance.

Mantau ya ce, "Tabawa, kawo wa Sarki ruwa. Ranka ya daɗe, ƙafata ba ta kai ni. Korau zai je, amma a fili zai yi."

Dogara ya ce, "Kowa ya gani?"

"Kowa ya lasa."

Aka yi haka. Ranar marina suka yi layi, manya da furfurarsu, kowa da yatsa a baki. Kafin Mantau ya rasu, babu gidan rini a garin da ba a iya tayar da baba.

Ku saurara, 'yan'uwa. Sanin da Allah Ya ba ka amana ce, ka karɓa ne don ka miƙa, ko da miƙawar za ta ci maka wani abu. Dattawa, ku daina jiran sai ɗan cikinku. Mu kuma matasa, a unguwarmu akwai tsoho mai saƙa, akwai tsohuwa mai gina tukunya, kullum muna wuce su muna latsa waya. Ba za su biyo mu ba. Gobe da safe ka je ka durƙusa ka gaishe su, ka ce, "Baba, nuna mini," tun akwai wanda zai amsa.