Shamuwa da Gonar Nomau

Masu riƙe da labarin mutanen da sun ce an yi wani hakimi a ƙasar Rugumi, ana kiransa Marafa Jibo. Ba azzalumi ba ne, sai dai yana son yabo, kuma bai taɓa taka ƙauyukansa ba sai bayan kaka, in rafuka sun janye, hanya ta bushe.

Wata safiya da damina yana zaune a gindin tsamiyar ƙofar gidansa, sai jakadansa ya dawo daga Tungar Ɗinya, ya faɗi ya yi gaisuwa, ya ce, "Ranka ya daɗe, na ga gonar Nomau da idona. Damina ta uku ke nan ciyawa ta fi gero tsawo. Wuri ɗaya kawai aka nome a gindin gawo, bai wuce shimfiɗar tabarma ba, an share shi fes. Ka ga ya iya noman, ragwanci ne kawai."

To, al'adar ƙasar ita ce duk gonar da ta yi damina uku a wofi, hakimi ya karɓe ya ba wanda zai iya. Sarkin Noma Bagudu kuwa ya daɗe yana haɗiyar yawu a kan wannan gona. Marafa ya ce, "Kowace shekara da hannuna nake kai wa mutanen nan hatsi, amma ba su tashi ba. Gobe a miƙa wa Bagudu."

Akwai wata tsohuwar shamuwa mai sheƙa a kan tsamiyar. Ta sauko reshen ƙasa ta ce, "Allah ya ja zamanin Marafa, ni da kai mun raba shekara. Kai ka san Tungar Ɗinya da rani, ni kuwa da damina na san ta, don can nake zuwa kiwon fara. In ka yarda in ba ka labarin Nomau, sannan ka yi hukuncinka."

Marafa ya ce, "Ina jin ki."

Shamuwa ta ce:

Nomau yana da mata guda, Tasalla, da 'yar goye, Ladidi. Rumbunsa ba ya kaiwa ƙarshen shekara. Hatsin yakan ƙare daidai lokacin da gero ya tsiro, ciyawa ta biyo shi, wato kwanaki ashirin ɗin nan na noman fari, waɗanda in manomi ya rasa su ya rasa shekarar. Da safe sai ya tsaya a bakin gonarsa da fartanya a kafaɗa, ya dubi ciyawa, ya tuna tukunyar gidansa tun jiya ba ta hau wuta ba. Sai ya wuce gonar Bagudu ƙwadago, ya yi noma har la'asar, a auna masa mudun dawa. Gobe ma haka. Ranar da aka gama noman Bagudu ya juyo tasa, ciyawar harƙiya ta riga ta shaƙe geron, ya yi ja. Da kaka ya sami rabin na bara, rumbun kuma ya ƙare da wuri fiye da bara.

Bana, ana hutun azahar a gonar Bagudu, Nomau ya zauna kusa da wani tsohon ɗan ƙwadago mai suna Arzika, ya ce, "Baba, iyayenmu ma haka suka yi, suna noma wa wani suna kallon tasu tana mutuwa?"

Arzika ya ce, "A'a, ɗana. Bari in gaya maka labarin rumbun gari, ko da yake ba ni da bakin faɗinsa.

"A da akwai wani babban rumbu a tsakiyar Tungar Ɗinya. Da kaka kowane gida ya zuba dami ɗaya, mai hali biyu, a liƙe bakinsa da laka. Ba a fasa shi don biki, ba a fasa shi don suna, sai ranar da aka fara noman fari. Ranar nan duk wanda rumbunsa ya ƙare ya zo ya ɗiba, ya ci, ya tsaya a gonarsa. Ni ne mai tsaron rumbun, na gada daga ubana.

"Wata shekara aka naɗa sabon hakimi, ya aiko zai zo rangadi bayan kaka da mutum saba'in. Dagaci ya tara mu ya ce, 'Baƙon nan ba zai koma ya ce mutanen Tungar Ɗinya matsiyata ne ba.' Kowa ya sunkuyar da kai, don kunyar ta kama mu duka. Na ɗauko gatari na fasa lakar da hannuna. Kwana uku ana tuƙa tuwo, dawaki na cin dawa. Hakimi ya ji daɗi, ya sa mana albarka, ya ce bai ga gari mai wadata kamar namu ba, zai riƙa zuwa duk shekara. Ya kuwa cika alkawari. Yakan zo mana da kyautar hatsi, mu dafa wa mutanensa, mu ƙara da namu. Da damina ta zo rumbun ba komai, muka watsu gonakin masu hali. A shekara ta huɗu ruwa ya rushe shi, ba wanda ya damu ya gyara."

Arzika ya kakkaɓe wandonsa ya miƙe, ya ce, "Mun ɓoye yunwarmu ga mutum ɗaya da zai iya maganinta, ɗana, kuma mun iya ɓoyewa ƙwarai. Tashi mu koma, Bagudu na kallonmu."

Da shamuwa ta kawo nan, Marafa ya gyara zama. Ya tuna tuwon, har miyar kukar ya tuna, don shi ne wannan sabon hakimin, shekara ashirin da suka wuce.

Shamuwa ta ci gaba:

Da Tasalla ta ga mijinta ba zai sami ranar gonarsu ba, sai ta goya Ladidi ta ɗauki fartanya. Mudun da yake kawowa ba ya isa mutum biyu masu aiki, sai ta riƙa tura masa rabonta, ita ta ci ganyen tafasa. Nomau ya ce, "Ke fa?" Ta ce, "Na ci a gidan Inna." Ba ta ci ba, ina bisa gawo ina ganinta. Kunyar gero huɗu kawai ta nome, nononta ya ɗauke. Aka dama wa yarinyar kunu, cikinta ya ƙi karɓa. Kwana shida yarinyar ta yi, ta rasu. Maƙabarta tana ƙetaren rafi, rafi kuwa ya cika, sai suka rufe ta a gindin gawon gonar. Washegari Nomau ya koma gonar Bagudu, don ba abin da za a ci.

Shamuwa ta juya wajen jakada ta ce, "Wurin nan da ka gani an share fes, shi ne kabarin Ladidi. Kullum da safe Tasalla takan je ta cire ciyawar da hannu. Iyakar noman da sauran ƙarfinta zai iya ke nan, kuma shi za a miƙa wa Bagudu gobe."

Jakada ya dubi ƙasa. Baƙin ciki ya cika Marafa, kunya ta fi baƙin cikin yawa. Can ya ce, "Shekara ashirin ina cin abincin noman mutanen nan, ina kiransu ragwaye. Na ji, na karɓa. Gonar Nomau tana nan a hannunsa. Rangadin kaka na bar shi, hatsina kuma daga yau da damina zai riƙa zuwa. In ruwa ya ɗauke a gina musu rumbun, ko ni na zo kada a fasa shi."

Shamuwa ta ce, "Na baɗi ke nan, ranka ya daɗe. Na bana saura kwana biyar ciyawa ta gama da geron, kuma ba Nomau kaɗai ba ne, gida goma sha ɗaya ne."

Marafa ya sa aka buɗe rumbunsa nan take. Jakada ya ce rafi ba ya ƙetaruwa da doki, jakuna ma sai sun maƙale. Marafa ya ce a ɗauka a ka, ya tuɓe takalmansa ya shige gaba.

Da hantsi washegari suka isa, laka har gwiwa. Ba wanda ya tarye su, ba tuwo, ba tabarma, don maza duk suna gonar Bagudu. Marafa ya nufi gonar Nomau, ya ratsa ciyawa har gindin gawo, ya iske Tasalla a tsugune. Aka sauke buhun gero a gabanta. Ta dubi buhun, ta dubi Marafa, ta ce, "Mun gode, ranka ya daɗe. Da ka aiko za ka zo, da mun yi maka abinci."